Waiwaye: Yara Sun Cika Aji, Malami Bai Iso Ba

A watan Janairun 1974 Janar Yakubu Gowon ya kai ziyara Sakkwato, a can ne kuma ya sanar da cewa gwamnatin tarayya za ta ba kowane yaron Najeriya ilimin firamare kyauta. Lokacin kuɗin man fetur ya fara kwarara irin yadda ba a taɓa gani ba, ƙasa ta fito daga yaƙin basasa da shekara huɗu kacal, kowa na neman abin da zai haɗa kan jama'a. Gowon bai kai ga buɗe shirin da hannunsa ba, domin an sauke shi a Yulin 1975. Janar Murtala Muhammed da ya gaje shi aka kashe shi a Fabrairun 1976. Janar Olusegun Obasanjo ne ya ƙaddamar da shirin ranar 6 ga Satumban 1976, shirin da kowa ya sani da UPE.

Masu tsara shirin sun yi lissafin yara miliyan 2.3 ne za su shiga aji ɗaya a wannan shekarar. Da aka buɗe ƙofa, kusan miliyan 3 suka zo. Lissafin ya kuskure ne tun daga tushe, don ba a da ƙidayar jama'a da aka amince da ita: ta 1973 an soke ta, sai aka koma ga ta 1963 ana ƙiyasi. Ga kuma rashin takardar haihuwa a ƙauyuka. Hedimasta zai zauna a gindin bishiya da rajista a gabansa, dagaci ko mai unguwa na gefe, a jero yara. A ce wa yaro ya ɗaga hannun dama ya zagayo da shi ta saman kai ya taɓa kunnen hagu. In yatsa ya kai, shekararsa shida ke nan, a rubuta sunansa. In bai kai ba a ce ya dawo baɗi. Ta wannan hanya ɗan shekara biyar mai dogon hannu ya shiga, ɗan shekara goma da ya daɗe yana bin shanu shi ma ya shiga, suka zauna a benci ɗaya, inda akwai bencin ke nan. A wurare da yawa tabarma ce ko ƙasa, allon kuma an jingina shi ne a jikin bishiya.

Cikin shekara shida yawan ɗaliban firamare a Najeriya ya tashi daga wajen miliyan 6 zuwa fiye da ninki biyu. A Arewa kuwa akwai ƙauyukan da ranar ce farkon ganinsu da makarantar gwamnati. Ba na cikin masu raina wannan aiki. Likitoci da alƙalai da injiniyoyi da manyan ma'aikatan da suke riƙe da jihohinmu a yau, da yawansu 'ya'yan manoma ne da makiyaya da ba don UPE ba da ba su taɓa riƙe fensir ba. Amma akwai tambayar da aka tsallake a 1976, wadda har yanzu ba a koma an amsa ta ba: wa zai tsaya a gaban waɗannan yaran?

Abin lura shi ne ilimin zamani a Arewa da malami ya fara. Kafin zuwan Turawa ƙasar nan cike take da makarantun allo da na ilimi, har ƙididdigar da su Turawan suka yi a farkon mulkinsu ta nuna sun haura 20,000. Da Hanns Vischer, wanda Kanawa suka sa wa suna Ɗan Hausa, ya buɗe makarantarsa a Nasarawa ta Kano a 1909, waɗanda ya fara tarawa malamai ne da suka riga suka yi karatun addini, ya koya musu rubutun boko da lissafi da sauran darussa da Hausa, domin su je su koyar. Bayansu ne aka kawo 'ya'yan sarakuna da masu koyon sana'a. Gidansa yana nan a Kano har yau. Haka Kwalejin Katsina, da ta fara aiki a 1921 Gwamna Hugh Clifford ya buɗe ta a hukumance a 1922, ba don fitar da ma'aikatan ofis aka kafa ta ba. Makarantar horon malamai ce, ana shekara biyar a cikinta. Daga baya ta koma Kaduna, ta sake komawa Zariya, ta zama Kwalejin Barewa.

Duba waɗanda suka fito daga wannan gida. Ahmadu Bello ya koyar a Midil ta Sakkwato kafin ya zama hakimin Rabah. Abubakar Tafawa Ɓalewa ya koyar a Midil ta Bauci har ya zama hedimastanta. Abubakar Imam yana malamin Midil ta Katsina ya rubuta Ruwan Bagaja. Aminu Kano ya koyar a Bauci da Maru, shi ne kuma ya jagoranci kafa ƙungiyar malaman Arewa a ƙarshen shekarun 1940. Shehu Shagari ya koyar a Sakkwato, ya yi hedimasta a Argungu. Firayim Minista da Firimiya da jagoran 'yan adawa da shugaban ƙasa, duk da alli a hannu suka fara. A zamaninsu yaron da ya fi kowa ƙoƙari a lardi shi ake zaɓa ya zama malami, kuma in malamin elemantare ya shigo gari, fada ta san da zuwansa.

Sai dai kada son tsohon zamani ya rufe mana ido. Wannan tsari na elemantare shekara huɗu, sai midil, sai kwaleji ga 'yan ƙalilan, ƙanƙane ne ƙwarai, kuma da gangan aka bar shi haka. Turawan mulki ba sa son Arewa ta haifi irin 'yan bokon Legas masu rubuta musu baƙar magana a jarida, saboda haka suka riƙa fitar da iyakar adadin da En'e ke buƙata na malamai da akawu da ma'aikatan asibiti da na gona. Iyaye ma ba su yarda da abin ba. An sha ɓoye yara a rumbu in an ji dogarai sun zo ɗaukar 'yan makaranta, mai hali kuma ya ba da ɗan bara a maimakon nasa. Makarantun 'yan mata na farko a Kano da Katsina sai a 1930 aka buɗe su. Sakamakon ya bayyana gab da samun 'yanci: a 1957 ɗaliban firamare a Kudu sun haura miliyan 2, na Arewa ba su kai 200,000 ba, alhali Arewa ta fi yawan jama'a. Ingancin yana nan, amma na 'yan tsiraru ne.

Kudu kuwa da mishan ta fara tun 1842 a Badagry, saboda haka ta riga mu da kusan shekara saba'in. Can ma an gwada ilimi kyauta kafin UPE, kuma gwajin nasu guda biyu ya isa ya zama gargaɗi. A Jihar Yamma, ministan ilimi S. O. Awokoya ya gabatar da shirin a 1952 ƙarƙashin jagorancin Obafemi Awolowo, aka ɗauki shekara uku ana gina ajujuwa ana faɗaɗa kwalejojin malamai, sannan aka fara a Janairun 1955. Duk da wannan shiri, yaran da suka zo sun zarce lissafi, aka cika ajujuwa da malaman da ba su da horo, ilimi kuma ya riƙa cinye kaso mai tsoka na kasafin jihar. Jihar Gabas ta bi sahu a 1957 cikin gaggawa, shekara ɗaya tak kuɗi ya gaza, aka dawo da biyan kuɗin makaranta a 1958, mata suka fito zanga-zanga. Duk wannan yana rubuce a ma'aikatun ilimi lokacin da ake tsara UPE.

Abin da aka yi a 1976 bai wuce a gayyato gari biki ba a ɗora tukunya ba. Tsakanin sanarwar Sakkwato da ranar buɗewa shekara biyu da 'yan watanni ne, alhali horon malami mai takardar Gireti Tu shekara biyar yake ɗauka bayan firamare. Sai aka shiga horon gaggawa. Wanda ya gama sakandare a ba shi shekara ɗaya, wanda bai ci jarrabawa ba a ba shi biyu, aka buɗe sababbin kwalejojin malamai a gine-ginen aro. Inda wannan ma bai isa ba, aka ɗauko wanda ya gama aji bakwai jiya aka ba shi aji ɗaya yau, da sunan malamin wucin gadi. An kafa Cibiyar Horon Malamai ta Ƙasa a Kaduna a 1976 domin ta riƙa ɗaga darajar waɗannan malamai ta karatu daga nesa, ta kuma yi ƙoƙari, amma ruwan ya fi ƙarfinta. Ba laifin waɗannan samari da 'yan mata ba ne. An kira su sun amsa, wasunsu ma sun zama ƙwararru da kansu. Amma wucin gadin nan ya zauna daram. Yaron da malami mai rauni ya koyar a 1978 shi ya shiga kwalejin malamai a 1984, shi ya koyar da wanda yake koyarwa yanzu.

Da kuɗi ya ci gaba da zuwa, wataƙila da an gyara a hankali. Bai ci gaba ba. Da aka koma mulkin farar hula a 1979, gwamnatin tarayya ta janye hannunta daga ɗaukar nauyin firamare ta miƙa wa jihohi da ƙananan hukumomi. Farashin mai ya faɗi a farkon shekarun 1980, malamai suka fara yin wata da watanni ba albashi, wasu jihohi suka dawo da kuɗin makaranta da harajin ilimi, yawan ɗalibai ya fara raguwa. Tsarin tsuke bakin aljihu na 1986 ya zo ya karya darajar ɗan albashin da ya rage. A nan ne malamin firamare ya koma noma da acaɓa da tireda, makaranta ta zama wurin da yake leƙawa ya sa hannu. A nan ne kuma mai neman aure ya fara jin kunyar cewa shi malamin makaranta ne.

Tarihin hukumar da aka kafa don ceto lamarin shi kansa ya nuna inda ciwon yake. Gwamnatin Babangida ta kafa Hukumar Ilimin Firamare ta Ƙasa a 1988, albashi ya fara fita a kan lokaci. A 1991 aka rushe ta aka mayar da komai hannun ƙananan hukumomi, bashin albashi ya dawo, yajin aiki ya biyo baya. A 1993 aka sake kafa ta. Cikin shekara biyar an sauya mai biyan malami sau uku. Har yau makarantar firamare a Najeriya 'yar gida uku ce: tarayya ke tsara manhaja ta kuma ba da tallafi, jiha ke kula da ita ta hannun hukumar ilimin bai-ɗaya ta jiha, albashin malami kuma daga kason ƙaramar hukuma ake cirewa. In rufi ya yaye ko albashi ya makara, kowanne cikin ukun yana da wanda zai nuna da yatsa. A 2025 malaman firamare na Abuja, a gaban idon gwamnatin tarayya, sun shafe sama da wata uku suna yajin aiki a kan mafi ƙarancin albashi.

A ɓangaren tsari kuwa ba mu taɓa rasa kyawawan takardu ba. Babban taron manhaja da aka yi a Legas a 1969 shi ya haifi Manufar Ilimi ta Ƙasa ta 1977, wadda ta kawo 6-3-3-4: shekara shida a firamare, uku a ƙaramar sakandare, uku a babba, huɗu a jami'a. An fara aiwatar da ita a 1982. Tunanin da ke bayanta mai kyau ne. Ana so yaro ya taɓa aikin katako da ƙarfe da lantarki da noma a ƙaramar sakandare, wanda hannunsa ya fi kaifi ya tafi makarantar sana'a, mai son littafi ya wuce gaba. Gwamnati ta sayo injunan koyon sana'a daga ƙasashen Gabashin Turai aka rarraba wa makarantu. Duk wanda ya yi sakandare a ƙarshen shekarun 1980 ya san ɗakin nan da ake kullewa, akwatunan katako jibge a ciki ba a ko ɓalle ƙusoshinsu ba, gara ta ci gindinsu. Wata makarantar ba lantarki, wata ba ɗakin aiki, amma abin da ya haɗa su duka shi ne babu malamin da aka koya wa sarrafa injin. Darasin sana'a ya koma zanen zarto da guduma a allo, yara su kwafa a littafi su haddace sunayensu don jarrabawa. Sauran tsarin duk ya karkata ga takarda: a ci WAEC ko NECO da kiredit biyar, a ci JAMB, a shiga jami'a. Wanda bai samu ba, tsarin ba shi da wani abin da ya tanadar masa.

Ana cikin haka aka yanke shawarar da nake ganin ta fi kowacce cutar da Arewa. Aka ce takardar NCE ce mafi ƙarancin shaidar koyarwa, aka rufe kwalejojin Gireti Tu ɗaya bayan ɗaya, aka mayar da su sakandare. A takarda ci gaba ne, don NCE ta fi Gireti Tu daraja. Amma kwalejoji irin na Wudil da Bichi da Maru da Toro da na mata a Kano suna yin abin da kwalejin ilimi mai ba da NCE ba ta yi. Suna ɗaukar yaro yana ƙarami, ya kwana a makaranta, a ciyar da shi, a ba shi ɗan alawus, a shekara biyar ana gina shi a kan aiki ɗaya: koyar da ƙananan yara. Yana koyon yadda ake riƙe alli, yadda ake rubuta shirin darasi, yadda ake haɗa kayan koyarwa da kwali da ƙwallon goruba da murfin kwalba, yadda ake koya wa ɗan shekara shida haɗa baƙi da wasali. Ya fita gwajin koyarwa malaminsa na zaune a bayan aji yana rubuta kurakuransa. Mai NCE kuwa sau da yawa darussa biyu ya karanta, a ce tattalin arziki da nazarin zamantakewa, sai a tura shi aji biyu ya koyar da karatu, abin da ba a taɓa nuna masa ba.

Akwai misalin da ke nuna abin da ke faruwa in an bi ta ɗaya hanyar. A 1977, shekara ɗaya bayan UPE, Jihar Kano ta buɗe makarantun kimiyya na Dawakin Kudu da Dawakin Tofa, saboda jihar ba ta da isassun likitoci da injiniyoyi 'yan ƙasa. Aka kafa musu hukuma tasu, aka zaɓo ɗalibai da jarrabawa, aka nemo malaman kimiyya har daga ƙasashen waje, aka ba su gidaje da ɗakunan gwaji masu aiki. Ba a buɗe ɗari ba, biyu aka buɗe, aka ƙara daga baya. Je ka asibitocin Kano da Jigawa da jami'o'in Arewa ka tambayi manyan likitoci inda suka yi sakandare. Na san za a ce wannan na zaɓaɓɓu ne, ba za a iya yi wa yara miliyoyi haka ba. Gaskiya ne. Amma abin da ya sa suka yi nasara ba sirri ba ne, an samo malamin kafin a kira ɗalibin.

Ranar 30 ga Satumban 1999 Obasanjo, yanzu a farar hula, ya je Sakkwato ya ƙaddamar da shirin ilimin bai-ɗaya, wato UBE. Dokar 2004 ta ce shekara tara na farko kyauta ne kuma dole, ta ware kashi 2 cikin 100 na kuɗin shigar tarayya don tallafa wa jihohi, da sharaɗin jiha ta ajiye nata kason kafin ta karɓa. Jihohi da dama sun bar biliyoyin naira suna kwance a Abuja shekara da shekaru don sun ƙi ajiye nasu. Wanda aka karɓa kuma, a tsarin rabon da aka daɗe ana bi, rabinsa na gine-gine ne da kayan aji, kashi 10 kacal na horon malamai. Ba wuya a gane dalili. Gini kwangila ne, ana ganinsa daga bakin titi, ana shafa masa fenti a rubuta sunan gwamna, a yanka kyalle a gaban 'yan jarida. Malamin da ya iya koyar da karatu ba a yanka masa kyalle. Haka aka yi da makarantun almajirai sama da 150 da gwamnatin Goodluck Jonathan ta gina, wadda ta fara da ta Gagi a Sakkwato a 2012. An yi gini mai kyau, amma ba a zauna da alarammomin da yaran ke hannunsu an daidaita matsayinsu da abincinsu ba, ba a kuma tanadi wanda zai ci gaba da biyan malamai ba. Da yawansu yau a rufe suke ko an mayar da su wani abu. Tun zamanin Ɗan Hausa tsarin gwamnati bai taɓa samar wa malamin allo gurbi na gaskiya ba, alhali shi ne malamin da iyaye a karkara suka fi amincewa da shi.

A 2017 gwamnatin Kaduna ta yi wa malaman firamare wajen 33,000 jarrabawa da tambayoyin aji huɗu, ta ce sama da 21,000 ba su kai makin da aka sa ba, ta sallame su. An yi ta jayayya a kan yadda aka yi jarrabawar da kuma korar, ƙungiyar malamai ta yi yajin aiki. Ni abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne waɗannan mutane ba daga sama suka faɗo ba. Makarantun gwamnati ne suka yaye su, kwalejojin gwamnati suka ba su takarda, wasu kuma kansila ko shugaban ƙaramar hukuma ne ya saka sunansu a matsayin ladan siyasa. Wata jihar da ta yi irin wannan gwaji ba lallai ta ga abin da ya fi haka ba. Masu iko kuma sun daɗe da kwashe 'ya'yansu zuwa makarantun kuɗi, har malamin gwamnatin kansa in ya samu hali can yake kai nasa, saboda haka babu mai faɗa a ji da zafin abin ke taɓawa a cikin gidansa.

Yau ana maganar yaran da ba sa zuwa makaranta, UNICEF ta daɗe tana cewa miliyan 10.5, UNESCO ta ce wajen miliyan 20 a 2022 in an haɗa da 'yan sakandare, mafi yawansu a Arewa. Duk taron da aka yi, maganar ita ce yadda za a shigo da su aji. Dole a shigo da su, ba na jayayya. Amma uban da ya ga ɗansa na fari ya shekara shida yana zuwa makaranta ya fito bai iya karanta wasiƙa da Hausa ba, in ya hana na biyu zuwa ya tura shi gona ko kasuwa, ba jahilci ne ya sa shi ba, lissafi ya yi. Ba gangami ko tallan rediyo ne zai sauya masa ra'ayi ba, sai ranar da ya ga ɗan maƙwabcinsa ɗan aji uku yana karanta masa takardar asibiti.

Kuma wanda zai koyar da wannan ɗan aji ukun a shekaru goma masu zuwa, yanzu haka yana cike takardar shiga kwalejin ilimi. A 'yan shekarun nan mafi ƙarancin makin JAMB da aka amince a shiga kwalejin ilimi da shi 100 ne cikin 400, ƙasa da na jami'a. Mafi yawan masu zuwa can sun nemi wani wurin ne ba su samu ba. Gwamnan da yake son a ga aikinsa a ilimi zai iya farawa daga nan ba tare da jiran Abuja ba: ya zaɓo yara masu ƙoƙari daga kowace ƙaramar hukuma, ya ɗauki nauyin karatunsu da abincinsu, a horar da su musamman kan koyar da karatu da lissafi a aji ɗaya zuwa uku da harshen da yaran ke ji, a ba su aiki a garuruwansu da albashin da ke fita ranar da aka ce. Rukunin farko ba zai shiga aji ba sai bayan shekara uku ko huɗu, yaran da za su koyar kuma ba za su rubuta jarrabawar gama firamare ba sai wa'adin gwamnan ya daɗe da ƙarewa.